Yadda na gina hamadar Lashe-Sawu

Labarin da nake rubutawa ya kai inda dole ayarin fatake ya ƙetare hamada, kuma hamadar ba ta kan taswirar kowa. A wata duniya take wadda na ƙaga, mai sarakunanta da garuruwanta. Ni malamin firamare ne a wani ƙauye cikin ƙasar Gumel. A waya nake rubutu, ina tura wa masu karatu babi-babi ta WhatsApp, sannan in karanta wa mutanen gidanmu bayan sallar isha'i. Da littattafan yaƙi na tashi, irin waɗanda ake bayarwa haya, kuma har gobe ina ƙaunarsu. Sai dai na lura da wani abu a cikinsu: da zarar jarumi ya shiga sahara, sai aljani mai kai bakwai ya ɓullo, a gwabza, a sare shi, a wuce. Rairayin kansa ba ya yin komai, filin daga ne kawai. Ni kuwa so nake hamadar ta zama ita ce abin tsoron, ko da babu dodo ko ɗaya a cikinta. Aikin ya ɗauke ni tun daga shigowar hunturu har faɗuwar damina, kuma yawancinsa ba a zaune na yi shi ba.

Da kallon rairayi na fara. Mu nan ba baƙinsa ba ne. Jigayin arewacin Jigawa tsofaffi ne, ciyawa da itatuwa suka danne su suka kwanta, shi ya sa ake noman gero da wake a kansu. Inda aka sare sabara da kalgo, aka tone saiwa aka kai murhu, dabbobi suka tattake abin da ya rage, nan ne rairayin ke farkawa. Kowane manomi a wajenmu ya san iskar nan da ke riga ruwa isowa a farkon damina, wadda ke kwaso yashi ta watsa wa shukar da ta fara huda ƙasa, ta ƙone ta ko ta binne ta, a wayi gari sai an sake fitar da iri. Manyan jigayi masu tafiya suna can gabas da mu, wajen Yusufari a jihar Yobe. Namu a hankali suke cin gona, amma suna ci.

Akwai wata jigawa a bayan garinmu da ta yi sanƙo, ko tsinke babu a kanta. Nakan je can da sassafe kafin lokacin makaranta, iska na kaɗowa daga arewa maso gabas ɗauke da ƙurar da yawancinta daga kwarin Bodele na ƙasar Chadi take tasowa. Gefen da iska ke duka a daddale yake, mutum na takawa ba ya nutsewa. Ɗaya gefen, inda yashin ke zubowa, ƙafa kan shige har ƙwauri. Da safe za ka tarar da duk abin da ya ratsa cikin dare ya bar shaida, buzuzu da ɓera da jan cikin maciji. Sai in taka nawa sawun, in koma gefe in tsuguna ina kallon yadda yake mutuwa. Bakinsa ne ke fara zubewa, sai gurbin yatsu ya cike, dunduniya ce ke jimawa. Kafin hantsi ya dubi ludayi, ko alama babu.

Daga nan na nufi wajen wani tsohon maharbi a unguwarmu, wanda in an sace akuya ko dabba ta yi ɓarna a gona shi ake kira ya bi sawu. Na gaishe shi na ce, "Baba, me kake gani a ƙasa wanda mu ba ma gani?" Bai ba ni amsa da baki ba, tashi ya yi muka fita bakin hanyar rijiya yana nuna min. Mai ɗauke da tulu sawunta ya fi nutsewa, takunta gajere. Mai gudu yatsunsa ke haƙa ƙasa. Sawun jiya ana gane shi da na yau ta bakinsa, da ko ƙwaro ya ratsa ta kansa, da ko raɓa ta sauka a ciki. Ya ce magidantan garin nan ko takalmin roba iri ɗaya suka sa ba sa rikice masa, don kowa da gefen da yake cinye takalminsa. Da za mu rabu ya ce, "Malam, in mutum ya ɓata, muddin akwai sawu akwai mutum. Ranar da sawu ya ƙare min, dawowa nake in ce wa iyalinsa su yi haƙuri."

Wannan maganar ce ta ba ni dokar hamadar. Hamada ce mai lashe sawun duk wanda ya shige ta, kuma ba a ƙasa kaɗai take lashe shi ba. Duk sawun da ta shafe, wani daga cikin mutanen da matafiyin ya baro a gida zai manta da shi. Shi yana nan da hankalinsa, yana tuna ɗakin uwarsa da sunan kowane ɗansa, amma a can gida ana ta goge shi daga zukata. Fataken labarin suna kiranta Lashe-Sawu.

Doka kaɗai ba ta yin tafiya. Dole mutanena su ci su sha su ɗaure kaya irin na waɗanda suka san hanya, in ba haka ba mai karatu a Gumel ko Babura zai gane ƙarya tun a shafin farko. Don haka na shiga zuwa kasuwar Maigatari ranar Alhamis, in wuce karar shanu in zarce wajen raƙuma. Wani dillali ya haɗa ni da wani dattijo mutumin Abzin da ya bi ayarin gishiri yana saurayi. Muka zauna a gindin butar shayinsa, yana magana ina rubutawa a bayan wata tsohuwar takardar jarrabawa.

Ya ce bayan ɗauke ruwa ake tashi, wajen watan Oktoba, daga duwatsun Abzin na ƙasar Nijar a ratsa hamadar Tenere zuwa Fachi, daga nan Bilma. Gero ake kaiwa, a karɓo gishiri da dabino: gishirin kantu na dabbobi, na beza na miya. In an dawo kuma a gangaro da shi kudu, Damagaram har Kano. Abin da ya fi kama ni a zancensa shi ne ciyawa. Tenere ba ta da abin da raƙumi zai tsinka, saboda haka kafin a tashi sai an yanki ciyawa an ɗaure dami-dami an labta, a riƙa ajiye wasu a hanya domin dawowa. Kenan ayari yana tafe yana barin abincin komowarsa a bayansa, in wani ya ɗauke ko yashi ya rufe, shi ke nan. Da rana ba a sauka. Ana tafe tun safe har dare ya yi nisa, abinci ma a tafe ake miƙa wa juna, domin sauke kayan raƙuma masu yawa da sake labta su zai ci lokaci, ruwan salka kuwa a ƙirge yake. Raƙumi kan jure kwanaki bai sha ba, in ya samu rijiya ya shanye kusan lita 100 a tsaye. Mutum ba shi da wannan baiwar. Madugu shi ke riƙe da hanya, da rana yana duba inuwa da yadda iska ta jera kunyoyin yashi, da dare yana duba taurari, kuma ba a yi masa gardama.

Ya ba ni labarin bishiyar Tenere, wadda ta tsaya ita kaɗai a tsakiyar wannan fili, ayari bayan ayari suna yin alama da ita, ba wanda ya taɓa karya reshenta don hura wutar shayi. Da aka haƙa rijiya kusa da ita an tarar saiwarta ta nutsa fiye da mita 30 neman ruwa. A 1973 wata babbar mota ta buge ta ta faɗi. Yanzu gangar jikinta na gidan tarihi a Yamai, an kafa ta ƙarfe a gurbinta. Na aro wannan na dasa gawo guda ɗaya tak a tsakiyar Lashe-Sawu. Gawo na zaɓa saboda halinsa da kowa ya sani a nan: da damina ya zubar da ganye, da rani, lokacin da sauran itatuwa suka tsiraice, shi kuma ya yi kore. A inuwarsa kaɗai yashi ba ya lashe sawu, kuma ayari ba ya iya kwana biyu a nan saboda ruwa.

Na tambayi dattijon, "Baba, me ka fi tsoro a can?" Ina jiran ya ce ƙishirwa, sai ya ce barci. Mutum ya gaji da dare, ya tsaya gyara takalmi bai faɗa wa na gabansa ba, ya ce bari ya ɗan kishingiɗa. In ya farka ayari ya yi nisa, iska ta shafe hanya. Mutumin farko da ya halaka a babina haka ya halaka, ba tare da wani abu ya fito daga ƙasa ya kama shi ba.

Bayan haka sai lissafi. Na yanke cewa ƙetare Lashe-Sawu kwana 12 ne, na ja layi 12 a littafin rubutu, na zauna ina jera waɗanda za su manta da matafiyi, daga na nesa zuwa na kusa. Kwana biyun farko masu sanin fuska ne kawai ke mantawa, mai nama da mai faci da waɗanda ake haɗuwa da su a kasuwa. Rana ta uku masu binsa bashi da waɗanda yake bi. Ina rubuta wannan layin na tsaya, domin na ga abin da zai biyo baya: in dai haka ne, akwai waɗanda da gangan za su shiga. Wanda bashi ya yi wa katutu, wanda ya ci amanar maraya, wanda ya zubar da jini, zai shiga ya yi kwana uku ya juyo ya fito fes, ba mai ƙararsa. Nan take garin da ke bakin hamadar ya cika min da mutane. Sarki ya girke dogarai a mashiga, masu bin bashi suna kwana a ƙofar gari suna gadin waɗanda suke bi, akwai kuma 'yan rakiya da ke tsallakar da mutum ta bayan fage a biya su. Ban shirya ko ɗaya daga cikinsu ba, dokar ce ta haife su.

Daga rana ta huɗu abin ke fara ciwo. Maƙwabta, sai abokan tasowa, sai malamin da ya koya masa karatu, sai dangi, sai waɗanda suka fito ciki ɗaya, sai 'ya'ya. Rana ta 11 matarsa. Rana ta 12 uwarsa. Ƙanena ya tambaye ni, kayansa fa? Kayan suna nan, na ce. Rigarsa na rataye a ƙusa, a yi ta tambayar ta wane ne. Ɗakinsa a ga ba mai shi a zuba harawa. Gonarsa 'yan'uwa su raba ba tare da sun san sun zalunci kowa ba.

Cuta irin wannan dole ta samu magani, in ba haka ba ba wanda zai bi ayari, labari ya mutu. Maganin da na sa shi ne kira. In wanda bai riga ya manta ba ya fita bayan gari da asuba, ya fuskanci hamadar, ya ɗaga murya ya kira matafiyin da sunansa na yanka, to yashi ba zai taɓa sawunsa ba a wannan yinin. Ba laƙabi, ba inkiya, ba raɗa.

Daren da na karanta wannan a tsakar gidanmu, Innarmu na ɓarar gyaɗa, matata da matar yayana suna gefe. Jarumin labarin saurayi ne da bai jima da aure ba, mahaifinsa ya rasu ya bar bashi, ya bi ayari don ya biya. Ina gamawa Inna ta ce, ba ta ko ɗago kai ba, "Shi yaron, ɗan fari ka ce?" Na ce, "Ɗan fari ne, Inna." Ta ce, "To wa zai kira shi?"

Duk wanda ya tashi a gida irin namu ya san abin da take nufi. Tunda nake ban taɓa jin Inna ta ambaci sunan yayana ba. Sai dai ta ce wancan, ko ta ce a kira min babbanku. Matata ba ta kiran sunana, Malam take cewa, ko Baban wane. Kenan mutum biyun da za su fi kowa jimawa suna tuna wannan saurayi, uwarsa da matarsa, su ne waɗanda kunya ta ɗaure wa harshe. Ubansa kuwa yana kabari.

Gardama ta kaure a tsakar gida har dare ya raba. Matar yayana ta ce rai ya fi kunya, kowace uwa za ta fita ta kira ɗanta ko duniya za ta taru. Inna ta ce mata, "Ke yarinya ce. Ba ƙi ake yi ba, harshen ne ba ya juyawa." Matata ta ce to a bar amaryar ta kira shi a ɗaki cikin dare inda ba mai ji. Na ce doka ta ce da murya, a fili, kuma ba zan sassauta ta ba. Da na sassauta, da labarin ya huta, amma da ya zama na kowace ƙasa. A haka ya zama namu.

Wasu masu karatu sun rubuto suna so in nuna cewa wannan kunya tsohuwar al'ada ce da ya kamata a karya a tafa. Ban yarda ba, kuma ba zan rubuta shi haka ba. Na ga yadda Inna ke ajiye wa yayana ƙanzo da man shanu ta ba jika ya kai masa, ba ta ce daga ita ba. Wannan kawaicin wata hanya ce ta so, kuma a labarina nauyinsa ne ke sa kiran ya yi tsada.

Daga wannan daren na ƙaro wata sana'a a garin bakin hamada: 'yan kira, tsofaffin mata da ake biya mudun gero su fita da asuba suna jera sunayen fatake. Attajiri na iya ɗaukar goma. Sai dai su bare ne, kuma kira ba ya hana mai kira mantawa in ba jini ko aure ya haɗa su ba, don haka ƙarfinsu ba ya wuce kwana biyu. Bayan nan suna ta faɗin suna, amma ba su san na waye ba, yashi kuwa ba ya jin irin wannan kiran.

Kafin in tura babin na kai wa limamin garinmu, wanda a zaurensa na yi karatun littattafai. Na durƙusa na ce, "Allah gafarta Malam, ina tsoron kada in rubuta abin da zai taɓa imani." Ya saurara har ƙarshe. Ya ce in bayyana tun farko cewa ƙage ne, kada in sa ayar Alƙur'ani ko sunan wani Annabi a matsayin laƙanin ƙetarewa, kada kuma in sa a yi wa hamadar yanka in nuna ya yi amfani. Mutanen labarin su san halitta ce, abin da take yi da izinin wanda ya halicce ta take yi. Sannan ya yi tambayar da ta buɗe min wata ƙofa: "Matar da ta manta tana da miji, in wani ya zo neman aurenta fa?"

Ya yi min bayanin hukuncin wanda ya ɓata a mazhabar Imam Malik. Matar za ta kai ƙara gaban alƙali, a bincika, in ba a samu labarinsa ba a yanka mata shekara 4, bisa hukuncin Sayyidina Umar, Allah ya ƙara masa yarda. Bayan nan ta yi takaba wata 4 da kwana 10, sannan ta halatta ga wani. Dukiyarsa kuwa ba a raba ta gado sai an kai shekarun da irinsa ba ya wuce su a raye. Ya ce, "Ka ga shari'a ba ta yarda a yi gaggawar shafe mutum ba."

Daga zauren nan na samo mutumin da na fi so a duk littafin, alƙalin bakin hamada. Yana da wani ƙaton kundi. Duk wanda zai shiga Lashe-Sawu ta hanyar gaskiya sai ya zauna gabansa an rubuta sunansa da na matarsa da 'ya'yansa da iyakar gonarsa da bashin da ke kansa. Alƙalin shi ma yana mantawa, tun rana ta biyu, amma ya yarda da rubutun hannunsa. Sai a zo ɗaurin aure ya buɗe kundi ya ce ba za a ɗaura ba, yarinyar nan matar wani ce. Ita tana kuka tana rantsuwa ba ta taɓa aure ba, iyayenta na rantsuwa, gari duka na ganin zalunci yake yi, shi kansa bai san mutumin da yake kare wa haƙƙi ba. Ya tsaya a kan rubutun.

Cikin hamadar kanta ban cika ta da abubuwa ba. Rijiyoyi uku ne, ba sihiri a cikinsu, ta tsakiya ma ruwanta ɗacin kanwa gare shi. Akwai guguwa, akwai sanyin dare mai shiga ƙashi. Abu ɗaya na ƙara, kawalwalniya. Wanda ya bi titin Gumel zuwa Maigatari da bazara ya san ruwan nan da ake hangowa a kan kwalta, ana matsawa yana matsawa. Ta Lashe-Sawu ba ruwa take nunawa ba. Tsakar gidan mutum take nuna masa, an shimfiɗa tabarma ana cin tuwo ana raha, ba a ajiye masa kwano ba. Wanda ya saki akala ya ruga wajenta ba ya dawowa, shi ya sa madugun labarin ke sa a ja rawani a rufe ido daga azahar zuwa la'asar, kowa ya riƙe igiyar na gabansa. A can ƙetare kuma akwai Zangon Baƙi, garin waɗanda suka haye ba wanda ya kira su. Gaisuwarsu ta safe doguwa ce, kowa sai ya ambaci ɗan'uwansa da sunansa da na ubansa da na garinsu na asali.

Na tura babin daga kan jigawar bayan gari, don nan ne sabis ke kamawa, bayan na karɓo wayar daga shagon caji. Cikin saƙonnin da suka biyo baya akwai na murya daga wata baiwar Allah a tsallaken iyaka, cikin Nijar. Ta ce yayanta ya tafi cirani arewa ta hanyar Agadas, shekaru sun shuɗe, ba gawa ba labari. Ta ce, "Malam, hamadarka ta fi tamu tausayi. Taka ana mantawa. Mu uwarmu har ta rasu in an yi sallama da dare sai ta miƙe."

Na jima ban iya rubuta komai ba bayan wannan saƙon. Na tuna watan Oktoban 2013, lokacin da aka tsinci gawarwakin mutum 92 a saharar arewacin Nijar kusa da iyakar Aljeriya, motocinsu sun lalace ƙishirwa ta kashe su. Yawancinsu mata ne da yara, da dama daga yankin Kance, wanda ba shi da nisa da iyakarmu. Hausa suke ji, tuwon da muke ci suke ci. Cikin masu karanta labarina akwai waɗanda hamada ta gaskiya ta riga ta karɓe wa mutum, kuma ba na ganin ya halatta in mai da abin da ya cinye musu 'yan'uwa wurin wasan takobi.

Ban canza dokar ba, amma na koma kan babin na yi aiki biyu. Duk wanda ya mutu a Lashe-Sawu na ba shi suna da gari da wanda ya baro, ko da layi biyu ne, ba na cewa kawai mutum bakwai suka halaka. Sannan na hana mantuwar ta zama hutu. Wanda ya manta yana jin gurbin. Uwa na auna garin tuwo ta ƙara hannu ɗaya ba ta san na waye ba. Yaro na zuwa ƙofar gida da magariba ya tsaya, a tambaye shi wa yake jira ya ce bai sani ba.

Saura asubar rana ta 12. Amaryar ta yi ta raɗa sunan a ɗaki, bai yi aiki ba, ta manta a rana ta 11, ta tashi tana mamakin lallen da ke ƙafarta. Uwar kaɗai ta rage. Na rubuta wannan wurin ta fuska daban-daban, da taron jama'a, da kuka, da dogon jawabi, duk suna fitowa irin na fim. Sai na je ɗakin Inna da hantsi na zauna a bakin ƙofa na ce, "Inna, in da ke ce, yaya za ki yi?" Ta yi shiru har na ɗauka ba za ta amsa ba. Can ta ce ba za ta tara mutane ba, ba kuma za ta yi kuka ba. Za ta yafa mayafi ta bi ta bayan gida, ta kira shi sau ɗaya kamar yadda ake kiran yaro ya zo ya ci tuwo, ta juyo ba ta waiwaya ba, kuma duk wanda ya ji ya yi kamar bai ji ba. Haka na rubuta shi, ban ƙara ko kalma ba.

Masu karatu sun rabu biyu a kansa. Matasa da yawa sun ce ya yi gajarta, sun so a ja shi. Mata masu shekaru ne suka fi aiko da saƙo, wasunsu ta wayar 'ya'yansu, suna cewa a bar shi yadda yake. Na bar shi.

Yanzu komowa ce a gabana, kuma ta fi tafiyar wuya. Raƙuman sun yi nauyi da gishiri, sun rame, kuma na riga na rubuta cewa 'yan gudun bashi sun kwashe damin ciyawar da aka ajiye a zango na uku. Saurayin zai iso gida uwarsa kaɗai ta san shi, matarsa za ta rufe fuska ta ce ga baƙo a zaure, sai kundin alƙali ya tsaya masa. Ina bukatar sanin kwana nawa raƙumi mai kaya zai yi ba ciyawa kafin ya durƙushe, da abin da madugu ke fara zubarwa in ya ga ba za a kai ba. Dillalin ya ce dattijon na Abzin zai sake saukowa Maigatari bayan kaka, in an fara kawo raƙuma, kuma na bar masa saƙo da lambar wayata.